Dashe: Me ke Samun Saiwa Idan Aka Sauya wa Tsiro Mazauni?

A shekarar 1892 wani jami'in mulkin mallaka Bajamushe mai suna Walter von Saint Paul-Illaire ya tsinci wani ɗan fure mai launin shunayya a duwatsun Usambara, cikin ƙasar da a yau ake kira Tanzaniya, ya aika wa mahaifinsa irinsa a Jamus. Daga nan furen ya bazu, har ya shiga sahun waɗanda aka fi reno cikin tukwane a ɗakunan Turai da Amurka, inda ake ce masa fayolet na Afirka. Masu renonsa sun daɗe da sanin cewa ranar sauya masa tukunya rana ce mai haɗari. Idan sabuwar tukunyar ta yi masa yawa, ƙasar da saiwa ba ta kai gare ta ba sai ta riƙe ruwa, iska ta yi ƙaranci, saiwar ta ruɓe. Shi ya sa suke zaɓar tukunyar da faɗinta bai wuce kashi ɗaya cikin uku na faɗin ganyayensa ba.

Zafin bazara da busasshiyar iskar hunturu ba za su bar wannan fure ya sake a ƙauyukanmu ba. Amma matsalarsa ita ce ta manomin Ɗambatta ko Minjibir ko Bichi duk ranar da ya ɗauko dashen mangwaro ko darbejiya cikin baƙar leda. A wannan yanki, kamar yadda Michael Mortimore ya nuna a binciken da ya fara tun shekarun 1960, gona ba ta hutawa: kowace shekara ana noma ta da taki, kuma ɗorawa da tsamiya da kuka da gawon da ke cikinta duk da masu su. Inda fili ya yi ƙaranci haka, itacen da ya mutu bayan shekara uku ana wahalarsa ba ƙaramar asara ba ce.

To, me ke sa dashe ya yi yaushi? Ba manyan saiwoyin da ido ke gani ne ke shan yawancin ruwa ba. Kusa da bakin kowace ƙaramar saiwa akwai wasu 'yan gasu sirara ƙwarai, su ne ke tsotsar ruwa daga tsakanin ƙwayoyin ƙasa. Da zarar an tumɓuke tsiro, yawancinsu sun tsinke. Su kuwa ganyaye ba ruwansu, suna ci gaba da fitar da tururin ruwa ta 'yan ƙofofin da ke jikinsu. Wato ana ta kashewa alhali babu abin da ke shigowa. Saboda haka mai lambun da ke dasa tumatir ko albasa da la'asar, ya shayar da su nan take, kimiyya yake yi ko da bai taɓa shiga aji ba: ya ba tsiron dare guda cikin sanyi kafin rana ta sake neman ruwa a jikinsa.

Matsalar da ta fi damuna kuwa ba ta bayyana sai an makara. Na taɓa fita da ɗalibai wata gona a arewacin Ɗambatta, mai gonar ya nuna mana mangwaron da ya shekara uku bai wuce ƙugu ba, yana zargin gara. Da muka haƙa, sai ga saiwar a naɗe kamar gammo. Dashen ya daɗe cikin leda, uwar saiwar ta taɓo ƙasan ledar ta rasa hanya, sai ta yi ta kewayawa. Saiwar da ta ƙoshi a lanƙwashe kuwa ba ta miƙewa don an sa ta a rami. Irin wannan itace ba ya kai wa ga damshin da ke can ƙasa a rani, kuma guguwar farkon damina kan iya kayar da shi. Gawo ya fi kowa shan wahalar wannan, domin shi tun yana ƙarami ƙasa yake nufa da saiwarsa kafin ya yi tsawo.

Saboda haka, mai karatu, kada tsawon dashe ya ruɗe ka a wurin saye. Ƙaramin da bai daɗe a leda ba ya fi dogon da ya kwana biyu. A tsaga ledar a cire ta ɗungum, domin ba ta ruɓewa da wuri. Idan an ga naɗi a ƙasan curin, a yanke shi da wuƙa mai kaifi, amma kada a farfasa curin kansa. A binne shi daidai inda ƙasar leda ta tsaya a jikinsa, kuma takin da za a gauraya ya zama ruɓaɓɓe, don ɗanyen kashin dabbobi yana ƙona sababbin saiwoyi. Lokacin da ya fi dacewa shi ne bayan ruwa ya zauna, wajen watan Yuli, ta yadda zai sami sauran damina ya kafu. Sai kuma shingen ƙaya, tun kafin a saki awaki bayan girbi.