Fim Ba Tare da Kyamara Ba: Fenti da Kiɗan Jaz

Akwai wani nau'in fim da ba a ɗaukarsa da kyamara. Mai yin sa yakan shimfiɗa zaren fim mai faɗin milimita 35, ya shafa masa fenti da tawada, ko ya kankare shi da tsinin allura. Idan aka haska shi a majigi, hotuna 24 ne ke wucewa cikin daƙiƙa guda, sai layuka da ɗigo-ɗigo su riƙa tsalle a bango. Ba jarumi, ba labari, sai launi da motsi.

Tun da babu labarin da zai riƙe mai kallo, kiɗa ne ke jan ragamar fim ɗin. Shi ya sa masu wannan fasaha suka rungumi jaz, kiɗan da baƙaƙen fatan Amurka suka ƙirƙira a birnin New Orleans a farkon ƙarni na 20. Makaɗin jaz yakan sarrafa sauti nan take gwargwadon yadda ya zo masa, kamar yadda mai fentin yake sakin hannunsa.

Len Lye, ɗan ƙasar New Zealand, ya fitar da A Colour Box a Ingila a 1935, da kiɗan rawa irin na Kuba. A 1949 kuma Norman McLaren da Evelyn Lambart na Hukumar Fina-finai ta Kanada suka yi Begone Dull Care. Sai da aka naɗi kiɗan Oscar Peterson, gwanin fiyano, sannan suka auna tsawon kowace gaɓa, suka shafa launin da zai faɗa daidai da ita.

Afirka ma tana da hannu a ciki. A fim ɗin Free Radicals na 1958, Lye ya kankare fararen layuka a kan baƙin fim, ya ɗora su a kan gangunan mutanen Bagirmi na ƙasar Cadi. Haka kuma Moustapha Alassane, ɗan Nijar, ya je Kanada ya koyi fim ɗin zane a wurin McLaren. Shi dai labari ya fi ba wa ƙarfi, kamar a Bon Voyage Sim na 1966, inda kwaɗi suka fito a matsayin shugabanni. Ya yi shekaru yana aiki a Tahoua, ya rasu a 2015.