Leƙe: Tsokaci Kan Tsoro a Gajerun Finafinai

Akwai wata kalma da na daɗe ban gane nauyinta ba lokacin da nake koyon Hausa, wato "leƙe". Na ɗauka ɗaya take da "gani" ko "kallo". Wani gajeren fim na ban tsoro ne ya fahimtar da ni bambancin.

Fim ɗin shi ne Lights Out, wanda David F. Sandberg ɗan ƙasar Siwidin ya shirya a 2013. Bai kai minti 3 ba. Wata mata ce ita kaɗai a gida da dare. Duk sa'ad da ta kashe fitila sai ta hango surar wani abu tsaye a duhu, in ta kunna sai ya ɓace. Ba a zubar da jini ba, amma ya razana jama'a har aka mai da shi cikakken fim a 2016.

To, ina tsoron ya fito? Gani yakan zo ba da niyya ba, kallo kuwa a fili ake yin sa. Shi leƙe a ɓoye ake yi, mai yi yana ganinka, kai ba ka san da shi ba. Masu irin waɗannan finafinai sukan ajiye kyamara a bayan ƙofa ko ƙarshen lungu, ta yadda mai kallo kansa zai zama mai leƙe.

Idan muka duba gidan Bahaushe, za mu ga an gina shi don kare sirri. Akwai katanga, akwai zaure inda baƙo yake tsayawa ya yi sallama, ba ya wucewa sai an ba shi izini. Saboda haka idon da ya shigo babu sallama ya keta haddin gida. Hatta aljanu, Bahaushe yana ce musu "mutanen ɓoye", domin suna ganinmu ba ma ganinsu.

Haka abin yake a nan Abuja. A unguwanni irin su Maitama da Gwarinpa ana ta da dogayen katangu, ana kafa kyamarorin tsaro, duk don maigida ya ga na waje, na waje kada ya gan shi. Fim ɗin tsoro juya wannan tsari yake yi.

Hausawa na cewa dare mahutar bawa, suna kuma cewa dare rigar mugu. Ya kai ɗalibin harshe, in ka tashi fassara ko rubuta irin wannan labari, ka lura da aikatau ɗin da za ka zaɓa. Ka ce "an kalle ta", labari ne kawai. Ka ce "ana leƙenta", sai tsigar jikin mai karatu ta tashi.