Daga Dhaka zuwa Kantamanto: Su wa ke biyan kuɗin arahar tufafi a duniya?

A daren 1 ga Janairun 2025, wayewar garin 2 ga wata, gobara ta tashi a kasuwar Kantamanto da ke tsakiyar birnin Accra na ƙasar Ghana. Kafin a shawo kanta ta lashe dubban rumfuna. Kantamanto na cikin manyan kasuwannin gwanjo na duniya. Kusan mutum 30,000 ne ke neman abinci a cikinta, kuma ƙungiyar Or Foundation da ke aiki da 'yan kasuwar ta ƙiyasta cewa tufafi kusan miliyan 15 ake shigowa da su duk mako.

Mafi yawan kayan da suka ƙone a wannan dare an ɗinka su ne a Asiya, aka sayar a Turai da Amurka, aka sa su na ɗan lokaci, sannan aka ɗaure su a dila aka turo Afirka. Duk wanda ya bi sawun wannan tafiya zai ga yadda sana'ar tufafi ta sauya cikin shekara 25. Kaya sun yi araha fiye da kowane lokaci, amma akwai masu cike giɓin arahar da guminsu, wani lokaci ma da rayukansu.

Yawan kaya, ƙarancin sawa

Wani rahoto da gidauniyar Ellen MacArthur ta fitar a 2017 ya nuna cewa yawan tufafin da ake ɗinkawa a duniya ya ninka sau biyu tsakanin 2000 da 2015. A wannan tsakani kuma, yawan lokutan da ake sa riga kafin a rabu da ita ya ragu da kashi 36 cikin 100. Yanzu ana ɗinka tufafi sama da biliyan 100 a shekara, alhali mutanen duniya ba su wuce biliyan takwas da ɗoriya ba.

Abubuwa biyu ne suka buɗe wannan ƙofa. A watan Disamban 2001 Chana ta shiga Ƙungiyar Ciniki ta Duniya. Sannan a ranar 1 ga Janairun 2005 aka kawo ƙarshen tsohuwar yarjejeniyar da ta ƙayyade wa kowace ƙasa mai tasowa yawan yadi da tufafin da za ta iya kai wa ƙasashe masu arziki. Daga nan manyan kamfanoni suka samu damar kai ɗinkinsu duk inda ƙwadago ya fi sauƙi.

Shi kansa zaren ya sauya. Fiye da rabin zaren da ake sarrafawa a duniya a yau foliyesta ne, wanda ake samu daga man fetur, yayin da auduga ta koma kusan kashi ɗaya cikin biyar. Foliyesta ya fi auduga araha, ba ya jiran damina, sai dai ba ya ruɓewa da wuri idan an zubar da shi.

Masu saye sun koma waya

Kamfanin Zara na ƙasar Sifaniya, wanda Amancio Ortega ya buɗe shagonsa na farko a 1975, shi ne ya fara shahara da salon sabunta kaya a kai a kai. A da shaguna kan sauya kaya ne da sauyawar yanayi, na sanyi daban na zafi daban. Zara da H&M na ƙasar Suwidin suka mayar da abin na 'yan makonni. Wannan salo na sa-ka-yar shi ya koya wa matasa cewa riga ba sai ta tsufa ake sauya ta ba.

Daga baya aka samu waɗanda suka fi su sauri. Kamfanin Shein, wanda ya samo asali a Chana kuma hedikwatarsa ke Singafo a yanzu, ya gina kasuwancinsa ne a manhajar waya. Yana hulɗa da dubban ƙananan masana'antu a yankin Guangzhou, inda ake fara ɗinka guda 100 zuwa 200 na sabon salo a gwada. Wanda ya samu karɓuwa a ƙara odarsa, wanda bai samu ba a watsar da shi. Temu, da ya fara aiki a 2022, ya bi irin wannan hanya ta aika kaya kai tsaye daga masana'anta zuwa ƙofar gidan mai saye.

Wata dokar Amurka ta taimaka musu ƙwarai: a wancan lokaci duk ƙunshin da bai wuce dala 800 ba yana shiga ƙasar ba tare da harajin kwastam ba. Lokacin da kamfanin da ke tafiyar da shagunan Forever 21 a Amurka ya bayyana karyewar jarinsa a watan Maris na 2025, ya ambaci gogayyar Shein da Temu a cikin dalilansa. Gwamnatin Shugaba Donald Trump ta soke wannan sassauci ga kayan Chana a watan Mayun 2025, sannan ga sauran ƙasashe a ƙarshen watan Agusta.

A ɗaya ɓangaren kuma, matasan Turai da Amurka sun rungumi sayen kayan da aka riga aka sa, ta manhajoji irin su Vinted na ƙasar Lithuania. Wannan ma ya taɓa Afirka, domin kaya masu nagarta sukan ƙare a hannun masu saye a can, ragowar ce ke shiga dila.

Kura da shan bugu

Har yanzu Chana ce ke kan gaba wajen fitar da tufafi, sai Bangladesh da Biyetnam. A Bangladesh, ɗinki ne ke samar da sama da kashi 80 cikin 100 na kuɗin da ƙasar ke samu daga kayan da take fitarwa waje, kuma mutum kusan miliyan huɗu ke aiki a masana'antun, mafi yawansu mata. Ga matan karkara da dama, wannan ne aikin albashi na farko a tarihin gidansu.

A ranar 24 ga Afrilun 2013, wani bene mai hawa takwas da ake kira Rana Plaza, a garin Savar kusa da Dhaka, ya rufta kan ma'aikatan masana'antu biyar da ke cikinsa. Mutum 1,134 suka rasu, kusan 2,500 suka jikkata. Kwana guda kafin hakan an ga tsagewa a jikin ginin, bankin da shagunan da ke ƙasa suka rufe, amma aka umarci masu ɗinki su koma bakin aiki. A cikin ɓaraguzan an tsinci tambarin sanannun kamfanonin Turai da Arewacin Amurka.

Bayan wannan musiba, kamfanoni sama da 200 suka sa hannu a wata yarjejeniya da ƙungiyoyin ƙwadago, wadda ta wajabta binciken gine-gine da hanyoyin tsira daga gobara. An gyara masana'antu da yawa, kuma wannan nasara ce da ba a musanta ta. Batun albashi ne ya ƙi motsi yadda ya kamata. A watan Nuwamban 2023, bayan zanga-zangar da aka rasa rayuka a cikinta, gwamnati ta ɗaga mafi ƙarancin albashi daga taka 8,000 zuwa 12,500 a wata, kwatankwacin dala 113 a lokacin. Ma'aikatan kuwa taka 23,000 suka nema.

Dalilin ba ɓoyayye ba ne. Manyan kamfanonin da sunansu ke jikin riga galibi ba su mallaki masana'anta ba, oda kawai suke bayarwa. Idan farashi ya ɗaga a wata ƙasa, sai su karkata zuwa wata. An ga haka ƙarara a 2020 lokacin annobar korona, sa'ad da aka soke ko aka dakatar da odar sama da dala biliyan uku a Bangladesh kaɗai, wasu kayan ma an riga an ɗinka su. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Lokacin da siyasa ta shiga kasuwa

Ƙasashen Afirka da suka shiga sahun masu ɗinka wa duniya sun ɗanɗana irin wannan rashin tabbas. Dokar AGOA da Amurka ta kafa a 2000 ta ba su damar kai tufafi ba tare da haraji ba, kuma Kenya da Lesotho da Madagaska da Habasha sun amfana. Habasha ta gina dandalin masana'antu na Hawassa domin wannan kasuwa. Sai dai a watan Janairun 2022 Amurka ta cire ta daga tsarin saboda yaƙin Tigray, dubban ma'aikata suka rasa aiki.

Lesotho ƙaramar ƙasa ce da ke ɗinka wandunan jins ga kamfanoni irin su Levi's, kuma ɗinki ne ya fi kowace sana'a ɗaukar ma'aikata in ban da gwamnati. A watan Afrilun 2025 Trump ya sanar da harajin kashi 50 cikin 100 kan kayanta. Daga baya an rage shi zuwa kashi 15, amma kafin nan masu saye sun janye oda, masana'antu sun sallami ma'aikata. A watan Yuli gwamnatin ƙasar ta ayyana dokar ta-ɓaci kan rashin aikin yi.

Inda tafiyar ke ƙarewa

A Ghana ana kiran gwanjo da sunan da ke nufin kayan Baturen da ya mutu, domin a farko mutane sun ɗauka ba mai rabuwa da kaya masu kyau haka sai wanda ya bar duniya. Ɗan kasuwa yana sayen dila ne a rufe, sau da yawa da kuɗin bashi, bai san abin da ke ciki ba sai ya fasa. Idan ya dace ya ci riba, idan tsummoki suka fi yawa asara ta hau kansa. Masu dakon waɗannan diloli, da nauyinsu ke kai kilo 55, galibi 'yan mata ne daga arewacin Ghana.

Or Foundation ta ce kusan kashi 40 cikin 100 na abin da ke shiga Kantamanto yana ƙarewa a shara, yana toshe magudanan ruwa har ya dangana da bakin teku. Ƙungiyar dillalan gwanjo ta Ghana ta musanta wannan adadi, tana cewa sharar ba ta wuce kashi biyar ba. Duk da wannan saɓani, tulin tsummokin da ke gaɓar tekun Accra a fili yake. Irinsa kuma yana nan a hamadar Atacama ta ƙasar Chile.

Hana shigo da gwanjo ma ba ƙaramin aiki ba ne. A 2016 ƙasashen Gabashin Afirka suka yanke shawarar daina karɓarsa domin farfaɗo da masaƙunsu. Amurka ta yi barazanar janye musu sassaucin AGOA. Kenya da Tanzaniya da Yuganda suka ja da baya, Ruwanda ta tsaya kan bakanta, aka dakatar da sassaucin harajin tufafinta a 2018.

Abin da ya shafe mu

Najeriya ba baƙuwa ba ce a wannan labari. An kafa masaƙar Kaduna Textiles a 1957, kuma zuwa shekarun 1980 masaƙu sama da 100 ne ke aiki a ƙasar, daga Kaduna da Kano zuwa Funtuwa da Gusau da Legas. Matsalar wutar lantarki da tsadar man injina da fasa-ƙwauri da kwararowar yadin Asiya mai araha suka durƙusar da mafi yawansu. A yau galibin atamfa da shaddar da ke Kantin Kwari daga waje ake shigo da su. Gwanjo kuma, duk da yana cikin jerin kayan da kwastam ta haramta, yana shigowa ta Kwatano da Lome har ya iso kasuwanni irin su Ƙofar Wambai, inda yake rufa wa talaka asiri.

Abin lura shi ne, ƙasashen Mali da Benin da Burkina Faso na cikin manyan masu noman auduga a Afirka, amma mafi yawanta ɗanya ake fitar da ita, kuma Bangladesh na cikin manyan masu saye. Ke nan audugar yankinmu na iya zagaya duniya ta dawo mana a dilar gwanjo, ribar kaɗi da saƙa da ɗinki duk ta tsaya a wani wuri. Benin ta fara ƙoƙarin sauya haka da dandalin masana'antu na Glo-Djigbé, inda ake sarrafa audugar ƙasar har zuwa riga, ana fitar wa kamfanonin Faransa da Amurka.

Ina aka dosa?

Turai ta fara ɗaukar mataki. Tun daga Janairun 2025 doka ta wajabta wa ƙasashen Tarayyar Turai ware tsofaffin tufafi daga sauran shara, kuma an amince da tsarin da zai sa kamfanoni biyan kuɗin kwashe abin da suka sayar idan ya tsufa. A Faransa, majalisar dattawa ta amince a watan Yunin 2025 da ƙudurin ɗora tara kan kayan sa-ka-yar da taƙaita tallarsu.

Akwai dai tambayar da 'yan kasuwar Accra ke yi: idan an tara wannan kuɗi a Turai, nawa zai iso inda sharar take sauka? Rahoton Ellen MacArthur ya ce ƙasa da kashi ɗaya cikin 100 na tsofaffin tufafi ake mayarwa sababbi. Muddin ba a rage yawan abin da ake ɗinkawa ba, ƙarin tarawa a Turai na iya zama ƙarin diloli a tashoshin jiragen ruwan Tema da Mombasa da Kwatano.

Hausawa na cewa araha ba ta ado. A kasuwar tufafi ta yau, mai saye a Landan ko Paris ya samu arahar, ya kuma yi adon. Ragowar kuɗin yana kan mai keken ɗinki a Dhaka, da ma'aikaciyar da aka sallama a Maseru, da ɗan kasuwar da ya ci bashi ya fasa dila a Kantamanto.