Filayen Ƙwallonmu a Wikipedia: Maƙala Ta Yi Yawa, Hujja Ta Yi Ƙaranci

Ranar 25 ga Maris 2016 Najeriya ta karɓi baƙuncin Masar a filin wasa na Ahmadu Bello da ke Kaduna, a wasan neman gurbin gasar cin kofin nahiyar Afirka. An buɗe ƙofa kyauta, jama'a suka yi ta kwarara har wasu suka ɗare ƙarafan fitilu, wasu suka hau allon nuna sakamako, wasu suka zazzauna a gefen fili. Etebo ya ci wa Najeriya, Mohamed Salah ya farke wa Masar ana dab da tashi. Rahotanni sun ce mutum kusan 40,000 ne suka shiga, kuma hukumar ƙwallon ƙafa ta Afirka, CAF, ta ci tarar Najeriya saboda cunkoson. Amma da aka zo kan tambaya mafi sauƙi, wato mutum nawa aka gina filin ya ɗauka, sai baki ya rabu. Wasu jaridu suka ce 16,000, wasu suka ce 25,000.

Wannan rabuwar baki ita ce ke jiran duk editan da ya zauna zai rubuta maƙala a kan filin wasa a Wikipedia. A gefen maƙalar akwai ɗan akwatin bayanai da ke neman shekarar buɗe fili, da mai shi, da kulob ɗin da ke wasa a ciki, da adadin 'yan kallo. Gurbi ɗaya ne, lamba ɗaya yake so. Wacce zai saka, kuma wa zai ce ya faɗa masa?

A 'yan shekarun nan Wikipediar Hausa ta bunƙasa ƙwarai, kuma ƙwallon ƙafa na cikin fannonin da suka fi samun hannu. Dalilan a fili suke. Matasa na son tamaula, wayar hannu ta kai intanet gida gida, ana shirya tarukan horar da editoci da gasanni masu kyaututtuka, ga kuma manhajar fassara da ke ɗauko maƙalar Turanci ko Faransanci ta juyo ta cikin 'yan mintuna. Filin wasa kuwa abu ne mai sauƙin ɗauka, domin maƙalarsa ta asali sau da yawa ba ta wuce layi biyar. Idan gasa tana ƙirga yawan maƙaloli, dole mai neman kyauta ya fi son gajeru ashirin a kan doguwa ɗaya da za ta ci masa mako guda. Ba na ganin laifin yaron da ya bi wannan lissafi. Tsarin ne ya nuna masa hanyar.

Manyan ƙa'idojin Wikipedia ba su da yawa, amma suna da tsauri. Duk abin da aka rubuta sai ya kasance mai karatu zai iya bin sawunsa zuwa majiya ingantacciya da aka wallafa. Ba a yarda edita ya kawo binciken kansa ba, ko da ya san gaskiya ne. Ba a yabo, ba a kushe. A Wikipediar Turanci har matakai aka yi wa maƙaloli, daga guntuwa zuwa wadda aka tantance aka kira ta fitacciya, kuma maƙalar filin Old Trafford na Manchester United ta kai wannan matsayi na ƙoli. Wanda ya karanta ta zai ga sunan Archibald Leitch da ya zana filin, da buɗe shi a 1910, da bama-baman Jamus da suka lalata shi a 1941, da yadda kulob ɗin ya koma aron filin Maine Road har zuwa 1949. Kowace magana da madogararta a ƙasa.

Kuskure ne a ɗauka cewa editocin Ingila sun fi namu ƙwazo shi ya sa. Abin da suka tarar a ƙasa ne ya bambanta. Bayan turmutsutsun filin Ibrox a 1971, Birtaniya ta yi doka a 1975 da ta wajabta wa manyan filaye samun takardar shaidar aminci daga ƙaramar hukuma, kuma takardar ce ke ƙayyade adadin mutanen da za su shiga. Bala'in filin Hillsborough na 1989 ya ƙara tsaurara lamarin, aka tilasta wa manyan kulob-kulob sanya kujeru a ko'ina. Saboda haka adadin 'yan kallo a can magana ce ta shari'a, a rubuce take, akwai wanda za a kama idan aka ƙetare ta. Ga marubuta irin su Simon Inglis da suka yi littattafai sukutum a kan filayen ƙwallo kaɗai, ga tsofaffin jaridu da aka ɗora a intanet. Editan can tattarawa kawai yake yi.

Namu editan kuwa yana tsaye ne a kan tarihi mai yawa da rubutu kaɗan. Filin Sani Abacha da ke Ƙofar Mata a Kano ya ga gasar matasa ta duniya a 1999, da gasar cin kofin Afirka ta 2000 da Najeriya da Ghana suka shirya tare, da gasar 'yan ƙasa da shekara 17 ta 2009. Kaduna da Bauchi ma sun karɓi wasannin 1999 da na 2009. Filin Janar Seyni Kountché na Yamai ya ɗauki wasannin ƙasashe masu amfani da Faransanci a 2005. Ina labarin gininsu, da kuɗin da aka kashe, da gyare-gyaren da aka yi? Yawancinsa yana cikin tsofaffin bugun New Nigerian da Gaskiya Ta Fi Kwabo, a ɗaure a ma'ajiyar tarihi ta ƙasa da Gidan Arewa a Kaduna, inda sai mutum ya taka da ƙafarsa ya buɗe shafi bayan shafi. Sauran yana bakin tsofaffin 'yan wasa da masu sharhi a rediyo. Dattijon da ya shekara talatin yana shiga Ƙofar Mata ya san ranar da aka sauya ciyawa da ranar da fitilu suka mutu, amma ƙa'ida ba ta karɓar shaidar baka sai an wallafa ta a wani wuri. A nan ƙa'idar tana cutar da mu, domin al'ummar da ta fi sauraro a kan karatu, iliminta a iska yake tafiya. Duk da haka ba zan so a sassauta ta ba. Idan aka buɗe ƙofar "na ji an ce", kowane mai goyon bayan kulob zai ninka girman filin garinsu.

Sunaye ma wani tarko ne. A Kano akwai filin Ƙofar Mata, akwai kuma na Sabon Gari da ke ɗauke da sunan Kano Pillars, kuma baƙo na iya haɗe su wuri guda. Filin Karkanda na Katsina ya koma Muhammadu Dikko. Babban filin Abuja da aka buɗe a 2003 ya koma Moshood Abiola a 2019. Wanda ke fassara cikin gaggawa zai iya ƙirƙirar maƙala biyu a kan fili ɗaya bai sani ba.

Za a ce da babu gara ba daɗi, kuma akwai gaskiya a ciki. Yaro a Maraɗi ko Gusau da ya nemi filin garinsu ya same shi da Hausa ya ƙaru da wani abu, kuma guntuwar maƙala tana iya zama harsashin da wani zai ɗora gini a kai. Sai dai illar ba ƙarama ba ce. Ɗan jarida mai sauri yakan kwafi lamba daga Wikipedia ya buga, gobe wani edita ya kafa hujja da wannan jaridar, shi ke nan kuskure ya samu madogara. Inda babu majiya mai zaman kanta, sanarwar gwamnati ce ke cike gurbin, sai maƙala ta cika da "katafaren fili irin na zamani" alhali rumfa na yoyo. Munanan ranaku su ne suka fi saurin ɓacewa. Maƙalar filin Abuja da ba ta ambaci ɓarnar da 'yan kallo suka yi ranar 29 ga Maris 2022 ba, bayan Ghana ta hana Najeriya zuwa gasar cin kofin duniya, ba ta cika ba. Haka ta filin Accra idan ta tsallake 9 ga Mayu 2001, ranar da mutum 126 suka rasu a wasan Hearts of Oak da Asante Kotoko. Sannan bayani yana tsufa. Tun daga 2021 CAF ta tsaurara tantance filaye, ƙasashe da dama har da Nijar suka buga wasanninsu na gida a Maroko, Super Eagles ta Najeriya kuma ta tare a Uyo. Maƙalar da aka fassara sau ɗaya aka watsar ba za ta san da wannan ba.

Gyaran yana hannun masu shirya gasa kafin kowa. A daina ba da maki kan yawa kaɗai, a ba wanda ya kawo majiya uku ingantattu a kan fili ɗaya fiye da wanda ya juyo maƙala goma. Kuɗin da ake kashewa a taron otal, a ware wani abu daga ciki a tura editoci biyu Kaduna su ɗauki hoton shafukan wasanni na tsofaffin jaridu. Gidajen rediyo da jaridun Hausa irin su Aminiya su yi hira da tsofaffin ma'aikatan filaye su wallafa a rubuce, don shaidar baka ta zama abin dogaro. Inda majiyoyi suka saɓa, kamar batun Kaduna, edita ya rubuta duka biyun ya faɗi wanda ya ce me. Hukumomin wasanni na jihohi kuma su ƙirga kujerun filayensu su fitar da adadin a takarda mai hatimi, domin wannan lambar ce mai sayar da tikiti da jami'in tsaro a bakin ƙofa suke buƙata tun kafin edita ya neme ta.