Kuɗin Mallakar Lambar Mota ta Musamman da Ɗawainiyar Riƙe Ta

Lambar mota ta musamman ita ce wadda mai mota ke zaɓar haruffanta da alƙalumanta da kansa, maimakon ya karɓi wadda ta faɗo masa a jerin da hukuma ke bi, kuma galibi abin da ake zaɓa shi ne suna, ko sarauta, ko sunan kamfani, ko wasu alƙaluma da mutum ke ganin suna da daraja a wurinsa. Abin da masu sha'awarta da yawa ba sa lura da shi shi ne, wanda ya biya kuɗinta izinin maƙala ta a jikin mota kawai ya saya, lambar kuwa tana nan a hannun hukuma, kuma izinin yana da sharuɗɗa waɗanda saɓa musu kan sa a rasa lambar tare da kuɗin da aka zuba.

A Najeriya, Hukumar Kiyaye Haɗura ta Ƙasa, wadda aka fi sani da FRSC, ita ke kula da tsarin buga lambobin mota, ofisoshin rajista na jihohi su miƙa wa masu motoci, farashin kuma hukumar haɗin gwiwa ta harkokin haraji, wadda ta haɗa tarayya da jihohi, ke tsayar da shi. A shekarar 2021 an kai kuɗin lambar musamman naira 200,000 a lokacin da lambar gama-gari take naira 18,750, sannan a watan Yuni na 2025 aka ninka ta zuwa naira 400,000, ta gama-gari kuma ta koma naira 30,000. Ke nan kuɗin lambar musamman guda ya zarce albashin wata biyar na ma'aikacin da ke karɓar mafi ƙarancin albashi na naira 70,000, alhali biyansa bai ɗauke wa mai mota sabunta lasisin motarsa da inshorarta a kowace shekara ba.

Inda tsarin ya fi bayyana dalla-dalla shi ne Birtaniya, domin tun shekarar 1989 hukumar rajistar motoci da direbobi ta ƙasar, wato DVLA, take sayar da irin waɗannan lambobi, har abin ya zama kasuwa mai dillalai da gwanjo. Mafi arha a cikin waɗanda take sayarwa kai tsaye kan fara ne daga fam 250, kuma a ciki har da fam 80 na ɗora lambar a kan mota, amma masu farin jini sai an kai su gwanjo, inda a shekarar 2014 aka sayi lamba "25 O" a kan fam dubu ɗari biyar da ɗoriya. Bayan haka mai saye zai biya kuɗin buga farantin a wurin mai sana'ar da hukuma ta yi wa rajista, ya kuma sanar da kamfanin inshorarsa cewa lambar motar ta canza.

Ɗawainiya ta gaskiya tana farawa ne ranar da aka tashi rabuwa da motar. A dokar Birtaniya lamba tana bin mota ne, saboda haka duk wanda ya sayar da motarsa, ko ya kai ta wurin masu farfasa tsofaffin motoci, ba tare da ya fara cire lambar a hukumance ba, ya yi asarar haƙƙinsa a kanta. Cire ta kuwa fam 80 ne, ko za a mayar da ita kan wata mota ko za a ajiye ta, kuma idan ajiyewa za a yi ana bai wa mutum takardar shaida mai wa'adin shekara 10, wadda sabunta ta kyauta ne, amma idan ya bari wa'adin ya wuce lambar ta kuɓuce masa, komai yawan abin da ya biya tun farko. Akwai kuma sharaɗin da ya hana ɗora wa tsohuwar mota lambar da za ta sa a ɗauke ta sabuwa, tunda mafi yawan lambobin ƙasar na ɗauke da alamar lokacin da aka yi wa mota rajista, kuma hikimar wannan sharaɗi a fili take, domin yana kare mai sayen mota ta hannu daga yaudara. Wanda ya matsa haruffa ko ya sauya tazararsu don su ba da wani suna yana iya fuskantar tarar da ta kai fam 1,000.

A wasu jihohin Amurka, kamar Kalifoniya, tsarin ya sha bamban, domin ban da kuɗin farko akwai ƙarin kuɗi da ake biya duk shekara a kan na sabunta rajista, wanda ake zubawa a asusun kare muhalli, ta yadda wanda ya riƙe lambarsa shekara goma zai biya ninkin-ba-ninkin abin da ya fara biya. A Dubai kuwa, a watan Afrilu na 2023, cikin azumin Ramadan, an yi gwanjon lamba "P 7" a kan dirhami miliyan 55, kimanin dala miliyan 15, aka sanya kuɗin a waƙafin ciyar da mabuƙata.

Idan aka duba da kyau, kuɗin lambar musamman haraji ne da mai hali ke ɗora wa kansa da son ransa, kuma wannan ya sa ya fi mafi yawan haraji adalci, matuƙar kuɗin sun shiga baitulmali kuma jama'a sun ga abin da aka yi da su. Illar tana zuwa ne idan aka kauce wa hukuma, kamar yadda ake gani a titunan Najeriya, inda wasu ke zuwa wurin mai zane ya rubuta musu sarauta ko muƙami a faranti su maƙala, motar da ke ɗauke da irin wannan kuwa idan ta kaɗe mutum ta gudu babu kundin da za a buɗe a gano mai ita. Saboda haka ya wajaba ga mai son lambar musamman ya neme ta a ofishin rajista na jiharsa, ya biya ta hanyar da hukuma ta tanada, ya adana rasiɗinsa, ya kuma tambayi makomar lambar idan ya sayar da motar tun kafin ya biya ko kwabo.