Mustafa Alasan, Makaniken Da Ya Koma Shirya Sinima

Duk wanda ya taɓa leƙa inda ake ɗaukar fim ya san aikin na taron jama'a ne: wannan ya tsara labari, wancan ya riƙe kyamara, wani kuma ya yanka ya haɗa. To, a Jamhuriyar Nijar an yi wani mutum wanda ya tattara yawancin waɗannan ayyuka a hannunsa, don a lokacin da ya fara babu masu sana'ar da zai raba aikin da su. Shi ne Mustafa Alasan, wanda aka haifa a garin Ndunga cikin 1942.

Asalin sana'arsa kanikanci ce, amma Allah Ya ba shi hannun zane. A Yamai ya haɗu da Jean Rouch, Bafaranshen nan mai ɗaukar al'adun jama'a a fim, wanda ya buɗe masa hanya har ya je Kanada wurin Norman McLaren, gwanin zane mai motsi. Cikin 1962 ya fito da "Aure", wanda ya nuna yadda Zabarmawa ke biki.

Shekarar 1966 ita ce ta fito da shi sosai. A cikinta ya yi fim ɗin wani saurayi da ya komo daga Amurka da tsarabar kayan kaboyi, ya raba wa abokansa, suka hau dawaki suka addabi ƙauyensu. Har wa yau a cikinta ya yi "Bon Voyage Sim", labarin wani kwaɗo shugaban ƙasar kwaɗi da ya tafi ziyarar aiki, ana ta yi masa fareti da bushe-bushe. Mai hankali ya san da wa ake, tun da yake a zamanin nan shugabannin Afirka ba su da abin so kamar irin wannan tarba. Fim ɗin bai wuce 'yan mintoci ba, amma mai karatu ya tuna hoto 24 ke wucewa cikin daƙiƙa guda, zanen kuwa da hannu ake yinsa, a ɗauka ɗaya bayan ɗaya.

Ya shugabanci sashen sinima na Jami'ar Yamai shekara 15. Daga baya ya zauna a Tawa, inda ya buɗe masaukin baƙi, ya mai da waɗansu ɗakunan wurin aikin fim, yana ƙera 'yan tsanansa da kansa. Ya rasu a Wagadugu ran 17 ga Maris, 2015.