Adunaik: Ƙagaggen Harshen Mutanen Tsibirin Numenor

1.0 Gabatarwa

Ƙagaggen harshe shi ne wanda wani mutum ya zauna ya tsara sautukansa da kalmominsa da nahawunsa da gangan, saɓanin wanda al'umma ta gada kaka da kakanni. Akan ƙagi wasu domin sadarwa tsakanin ƙasashe, kamar Esperanto da Zamenhof ya fitar a 1887, wasu kuwa domin adabi. Wannan maƙala za ta dubi ɗaya daga kashi na biyu, watau Adunaik, wanda J.R.R. Tolkien (1892-1973), shehun malami a Jami'ar Oxford ta Ingila, ya ƙaga wajen 1945 zuwa 1946. Bayanin nahawunsa bai fito fili ba sai a 1992, cikin littafin Sauron Defeated da ɗansa Christopher ya shirya.

2.0 Masu harshen

A labarin Tolkien, Numenor tsibiri ne a tekun yamma, mutanensa kuma gwanayen tuƙin jirgin ruwa ne. Ubangiji ɗaya suke bauta wa a bisa wani dutse, amma rayuwarsu ta yau da kullum tana hannun iska da hadari. Saboda haka suna shakkar Osse, ruhin da ke murna da guguwa, suna kuma neman tsari wurin matarsa Uinen, wadda ke lallashinsa teku ya lafa. Ƙarshensu ma ta nan ya zo: hadari da tsawa suka yi musu gargaɗi, sa'an nan igiyar ruwa ta haɗiye tsibirin.

Kalmomin harshen suna ɗauke da wannan tarihi. Azra shi ne teku, Azrubel kuwa masoyin teku. Adun yamma ce, daga nan aka sami Anadune, sunan tsibirin a bakin mutanensa. Bayan halaka sai aka kira shi Akallabeth, watau wadda ta faɗi.

3.0 Ƙirar kalma

Nan ne abin sha'awa ga mai nazarin Hausa. Tolkien ya gina kalmomin Adunaik a kan saiwa mai baƙi biyu ko uku, ya kuma ce ya so harshen ya ɗan yi ƙanshin harsunan dangin Larabci. Ɗalibin da ya san yadda k-t-b ke haifar da kataba da kitabu da katibu ba zai sha wuya ba. Daga saiwar g-m-l, alal misali, ana samun gimli, tauraro. Da gimil, taurari a dunƙule. Da igmil, siffa mai kamar tauraro. Sai dai akwai bambanci: kowace saiwa ta Adunaik tana da wasalinta na gado wanda ke binta, yana canza mazauni, kamar yadda i ya yi a misalan nan. Hausa ma takan cusa wasali tsakanin baƙaƙe wajen jam'i, kamar birni da birane, gulbi da gulabe, ko da yake tsarin nata ba ɗaya yake da wancan ba.

Suna yana da tilo da tagwai da jam'i, da jinsi huɗu. Amma Tolkien ya ajiye alƙalami kafin ya kai ga cikakken bayanin aikatau, don haka harshen bai isa a yi hira da shi ba.

4.0 Harshe da mulki

Sarakunan farko suna ɗaukar laƙabi da Kwenya, harshen ilmi da martaba wanda aka aro daga waje, alhali talakawa na magana da Adunaik. Sarki na 20 ne ya fara hawa gado da suna na harshen gida, Ar-Adunakhor, Ubangijin Yamma, laƙabin da masu riƙo da tsohuwar aƙida suka ɗauka saɓo ne. Daga baya Ar-Gimilzor ya haramta baƙin harsunan ƙwata-ƙwata. A zamanin sarki na ƙarshe, Ar-Pharazon, ruwa ya ci ƙasar.

Wajibi ne mai nazari ya lura da wannan tsari. Marubucin ya jera komawa ga harshen gida tare da girman kai da tawaye, ya bar biyayya ga masu riƙe da harshen aro. Wannan hukunci na labari ne, ba na ilmin harshe ba, domin babu harshen da ke ɗauke da saɓo ko tsarki a cikin baƙaƙensa da wasulansa.

5.0 Kammalawa

Adunaik ya nuna cewa abin da ke sa ƙagaggen harshe ya yi kama da na gaske shi ne a ba shi al'umma da muhalli da rikici, ko da kalmominsa kaɗan ne. Malami na iya amfani da shi a aji wajen koyar da saiwa da wasali. Haka kuma zai iya sa ɗalibai su tambayi kowane labari: wane harshe aka ɗaukaka, wane aka ɗora wa laifi, kuma wa ya yanke hukuncin?